An cire sunayen mutum 63 ana gobe zaɓen kofaretif ɗinmu: wurin Darakta za mu je ko kotu?

Baban Walid:
Assalamu alaikum 'yan uwa. Shawara nake nema, musamman daga lauyoyin da ke zauren nan da waɗanda suka san harkar ƙungiyoyin gama kai. Ba zan ambaci wurin aikinmu ba, don ba tonon silili na zo yi ba.

Muna da kofaretif na ma'aikata, shekarata 14 a ciki. Daga albashi ake cire mana kuɗin zubi duk wata, a ba da bashi, a kawo shinkafa da suga da mai lokacin azumi, a kawo raguna da layya, ƙarshen shekara a raba riba. Asabar ɗin da ta wuce aka yi babban taron shekara da zaɓe, ni kuma na tsaya takarar ma'aji. Ran Juma'a bayan la'asar, mutane duk sun watse, aka manna sunayen masu jefa ƙuri'a a allon sanarwa. Da safe muka tarar babu sunan mutum 63, kusan dukansu daga sashen da na fito. Wai sun yi wata huɗu ba su yi zubi ba. Alhali an cire kuɗin, ga shi nan rubuce a takardar albashin kowa. Ofishin biyan albashi ne bai tura wa kofaretif ba.

Abin da ya fi tsaya mini a rai wani dattijo ne direba, wanda tun kafin a ɗauke ni aiki yake zubi. Ya zo da takardun albashinsa cikin baƙar leda, ya tsaya bakin ƙofa yana miƙa wa yaron da aka ba takardar sunaye. Yaron ya bi da biro daga sama har ƙasa sau biyu, ya ce, "Baba ka yi haƙuri, ba ka ciki." Dattijon ya ninke takardunsa, ya koma gindin darbejiya ya zauna har aka tashi. Jami'in da ofishin Daraktan ƙungiyoyin gama kai na jiha ya turo sa ido yana babban tebur, na je na faɗa masa, ya ce in bari a gama tukuna. Aka gama, aka kayar da ni da ƙuri'a 41, ya sa hannu ya shiga motarsa.

Wasu sun ce mu tafi kotu kai tsaye, wasu sun ce 'yan sanda. Alhamis ta sama za a miƙa mulki, a canza masu sa hannu a banki. Ina mafita?

Na-Ƙauye:
Malam ka kai su ofishin 'yan sanda kawai. Kwana ɗaya a bayan kanta, da bakinsu za su karanto maka sunayen nan 63.

Abban Sadiya:
Ni dai da za ka ji tawa, ka bar wa Allah. Kujerar ma'aji ba abin da ke cikinta sai zargi da ciwon kai. Faɗan da ya fi ƙarfinka, mai da shi wasa.

Barista Maman Nana:
Wa alaikumus salam. Na-Ƙauye, don Allah ka janye wannan shawarar kafin wani ya ɗauka. Rikicin zaɓen ƙungiya ba laifi ba ne da ake kulle mutum a kai. Dokar 'yan sanda ta 2020 ta hana kama mutum kan rigimar da ba ta laifi ba. In Baban Walid ya sa aka tsare wani, gobe shi za a maka a kotu kan tauye haƙƙi, ya biya diyya, maganar zaɓe kuma ta bi ruwa. Sai dai in akwai takardar jabu ko an ci kuɗi, wannan kuma maganarsa daban.

Baban Walid, amsa mini uku. Ƙungiyar tana da rajista da ofishin Daraktan ƙungiyoyin gama kai na jiha, ko dai ƙungiya ce kawai aka yi wa rajista a hukumar rajistar kamfanoni? Kana da kwafin dokokin cikin gida, wanda ke ɗauke da hatimin Darakta? Ka rubuta koke ran zaɓen, ko da baki ka tsaya?

Baban Walid:
Tana da rajista da jiha, takardar shaidar na rataye a ofis. Kwafin dokokin kuwa ban taɓa riƙe shi ba, gaskiya. Koke kuma da baki na yi.

Barista Maman Nana:
Shekara 14, har da takarar ma'aji, ba ka taɓa riƙe kundin dokokin ba? To ba komai, ba kai kaɗai ba ne.

Tunda tana da rajista, dokar ta riga ta shata muku hanya. Dokar ƙungiyoyin gama kai ta Najeriya ta 1993, sashe na 49, ta ce in saɓani ya taso da ya shafi harkar ƙungiya mai rajista, tsakanin mambobi, ko tsakanin mamba da ƙungiyar ko kwamitinta ko wani jami'inta, wurin Darakta za a kai. Shi kuma ko ya yanke da kansa, ko ya miƙa wa mai sasanci. Wanda bai gamsu ba ya ɗaukaka zuwa ga Kwamishina, in ƙungiyar ta jiha ce, ko Minista in ta tarayya ce. Hukuncin da aka yanke kuma ana iya kai shi kotu ta tilasta a bi shi kamar nata. Jihohi suna da nasu dokokin, ka duba ta jiharku, amma yawancinsu tafiyar ɗaya ce.

Abin da ke faruwa da masu tsallake wannan matakin: ka biya lauya, ka shigar da ƙara a Babbar Kotu, lauyan ɗaya ɓangaren ko tanka maganar sunaye 63 ba zai yi ba. Zai miƙe ya ce kotu ba ta da hurumi tukuna, domin ba ku bi ta wurin Darakta ba. A shafe wata da watanni ana wannan gardamar. In aka kori ƙarar, ka dawo inda ka taso, su kuwa sun ci rabin wa'adinsu.

Tsohon Sufeto:
Barista ta faɗi gaskiya. Ni na yi aikin duba ƙungiyoyin nan har na yi ritaya, bari in gaya maka abin da ake dubawa in koke irin naka ya zo tebur. Ba a duba wanda ya fi iya kuka. Takarda uku ake nema: sanarwar taron da ranar da ta fita, rajistar mambobi, da bayanin taron da sakatare ya rubuta. In dokokinku sun ce a ba da sanarwa kwana kaza kafin taro, aka ba da ƙasa da haka, taron kansa ya samu tangarɗa kafin ma a zo maganar ƙuri'a.

Kuma ka bambance abu biyu, yaro. Akwai rajistar mambobi, akwai takardar da aka buga aka manna a allo. Rajista littafi ne da doka ta wajabta wa ƙungiya ta ajiye, da ranar shigar kowa da ranar fitarsa. Mutum ba ya fita daga cikinta don sakatare ya ga dama. Ko ya rubuta ya fita, ko ya rasu, ko a kore shi ta hanyar da dokokinku suka tsara, a kuma ji ta bakinsa kafin nan. Ka je ka nemi ganin littafin. In sunan direban nan yana ciki ba a soke ba, mamba ne, kuma doka ta ce mamba ɗaya ƙuri'a ɗaya, ko jarinsa naira dubu ne ko miliyan. Wannan ƙa'idar ba yau aka fara ta ba, ta samo asali tun daga masaƙan garin Rochdale na Ingila da suka buɗe kantinsu a 1844.

Na taɓa zuwa zaɓen wata ƙungiyar manoman rani, aka ce ƙato bayan ƙato za a yi. Layin shugaba mai ci ya yi tsawo har bakin rijiya. Na ce a kawo littafi, a kira suna ɗaya ɗaya, wanda ya ji nasa ya tsallako igiya. Kafin a kai rabi layin ya zube, ashe 'yan ga-ruwa da masu tallan rake aka tara. Ba wanda ya je kotu ranar.

Abu Yasir:
Allah ya ƙara girma Baba Sufeto. Barista, da girmamawa, ban yarda da ke ɗari bisa ɗari ba. Nima aikin nan nake yi. Ki sake karanta sashen. Cewa ya yi saɓanin da ya shafi "harkar" ƙungiya, kalmar da aka sa a Turancin ta kasuwanci ce. Sashen da kansa da ya zo ba da misali, bashin da ƙungiya ke bin mamba ya ambata. Ina zaɓe a ciki? Zaɓe maganar shugabanci ce da haƙƙin mamba, ba saye da sayarwa ba. Ina iya tsayawa gaban alƙali in ce wannan rigimar ba ta cikin waɗanda aka ce a kai wa Darakta, don haka sashe na 272 na kundin tsarin mulki ya ba Babbar Kotun jiha hurumi tun daga farko.

Na biyu, kuma shi ya fi damuna. Wa ya sa ido a zaɓen? Jami'in ofishin Darakta. Wa ya sa hannu a sakamakon? Shi. Yanzu kuma a ce Baban Walid ya kai kuka ofishin da yaronsu ya ce komai lafiya. An ba kura ajiyar nama ke nan. Sashe na 36 na kundin tsarin mulki ya ce wanda zai yanke maka hukunci ya zama mai zaman kansa, marar ɓangare.

Barista Maman Nana:
Hujjarka ta farko hujja ce, ban raina ta ba, kuma ana yin ta a kotu. Amma da kuɗin wa za a gwada ta? Kai kana son shari'ar da za a riƙa ambata a littafi, shi yana son a sake zaɓe kafin azumi. Ɗaya ɓangaren za su ce zaɓen shugabanni shi ne uwar harkar ƙungiya, tunda su ke riƙe da kuɗin. Alƙali na iya bin naka, yana iya bin nasu. Wanda ya fara kai wa Darakta bai yi asarar komai ba, ƙofar kotu tana nan. Wanda ya tsallake shi ne ya yi caca.

Ta biyun kuma, jami'in da ya zauna a tebur ba shi ne Darakta ba. A cikin takardar koken sai a rubuta ƙarara cewa tunda jami'in ofishin shaida ne a rigimar, ana roƙon a miƙa wa mai sasanci na waje, kada kuma jami'in ya taɓa fayil ɗin. In Darakta ya ƙi, ya kuma yanke ba tare da ya saurare su ba, to ya ba ka abin da kake nema da hannunsa. Sai ka je Babbar Kotu ka nemi ta jawo hukuncin ta soke. Ko da doka ta ce hukuncin Kwamishina shi ne na ƙarshe, wannan ba ya hana kotu duba ko an saurari kowa, ko an wuce gona da iri.

Abu Yasir:
Na ji. Amma Alhamis fa? Darakta zai zauna kafin Alhamis? In aka canza sa hannu a banki, aka fara raba bashi ga 'yan gaban goshi, ko an sake zaɓe ihu ne bayan hari. Ni zan shigar da ƙara in nemi umarnin wucin gadi a tsayar da miƙa mulki, koken Darakta kuma yana tafiya a gefe. Kuma a tuna, in har za a haɗa da jami'in gwamnati a ƙara, dokar kare jami'an gwamnati wata uku kacal ta bayar. Kada a yi ta zaman jiran ofis har lokaci ya ƙure.

Hajiya Mai Atamfa:
Ku lauyoyi kuna faɗin "umarnin wucin gadi" kamar ruwan sanyi. Ni jiki magayi. Ƙungiyarmu ta mata 'yan kasuwa, rigimar zaɓe ta kai mu kotu, kowane ɓangare ya rubuta wa banki cewa shi ne halastacce. Banki ya ce shi ba alƙali ba ne, ya rufe asusun sai an kawo hukunci. Azumi biyu muka yi ba a taɓa ko sisi ba. Wata baiwar Allah da ta tara kuɗin kayan ɗakin 'yarta a ciki, sai da ta sayar da keken ɗinkinta. Ran da aka zo sulhu, waɗanda suka kai ƙarar ma sun manta adadin ƙuri'un da ake rigima a kai. Baban Walid, ɗana, ka nemi haƙƙinka, amma duk abin da za ka yi kada ka bari a taɓa asusun. Mutanen nan 63 da kake wa faɗa, su za su fara zaginka in shinkafa ba ta zo ba.

Abu Yasir:
Hajiya, Allah ya huci zuciyarki. Ana iya tsara roƙon yadda ba zai rufe asusu ba: tsofaffin masu sa hannu su ci gaba da biyan abin yau da kullum, a hana ba da sabon bashi mai yawa kawai.

Hajiya Mai Atamfa:
Haka namu lauyan ya ce.

Ɗalibin Pune:
Salam. Ina karatu a Indiya, a jihar Maharashtra, kuma gardamar Barista da Abu Yasir ta ba ni sha'awa, domin a nan an yi ta an gama tun tuni. Ba kuma labarin nesa ba ne, dokarmu jikar tasu ce. Turawa sun kawo C. F. Strickland, wanda ya yi aikin ƙungiyoyin gama kai a Punjab, ya zagaya Najeriya ya ba da rahoto a 1934. Daga rahoton aka yi dokar 1935, an kuma ɗora ta a kan tsarin dokar Indiya ta 1912. Wannan kalmar "harkar ƙungiya" da kuke ja a kai, daga can ta taso.

Su da suka ga kalmar tana jawo gardama, har Kotun Ƙolinsu ta taƙaita ma'anarta a shari'ar bankin Deccan Merchants a ƙarshen shekarun 1960, ba su bar ta a dunƙule ba. Dokar Maharashtra ta 1960, sashe na 91, tun kafin wannan shari'ar ma ta jera su ɗaya bayan ɗaya: tsarin ƙungiya, zaɓen kwamiti da jami'ai, yadda aka gudanar da babban taro, gudanarwa, sannan harka. Kuma ba ofishin mai rajista kaɗai ke ji ba, akwai kotuna na musamman na ƙungiyoyin gama kai, da kotun ɗaukaka ƙararsu. Zaɓen kansa ma an ɗauke shi daga hannun kwamiti mai ci, an ba wata hukumar zaɓen ƙungiyoyi ta jiha, hedikwatarta tana nan Pune. A 2023 gwamnatin tarayyarsu ta yi dokar kafa irin wannan hukumar don ƙungiyoyin da suka ratsa jiha fiye da ɗaya.

Dalilin wannan tsanani kuwa, a nan kofaretif ba wasa ba ne. Masana'antun suga da bankuna da kamfanonin madara na ƙungiyoyi ne, Amul da ake sha ko'ina na manoman Gujarat ne. Wanda ya riƙe masana'antar suga ta yankinsu ya kama hanyar majalisa.

Amma Abu Yasir, akwai wadda ba za ta yi maka daɗi ba. A 2001 Kotun Ƙolin Indiya, a shari'ar wata ƙungiyar masu madara ta Maharashtra, ta ce haɗa sunayen masu zaɓe wani mataki ne na zaɓen kansa, kuma in zaɓe ya kankama kotu ba za ta tsayar da shi ba. A bari a gama, wanda aka zalunta ya kai koke inda doka ta tanada.

Tsohon Sufeto:
Yaron nan ya yi karatu. Ƙari kaɗan: bayan an raba ƙasa jiha-jiha ta da, Arewa ta yi tata dokar a 1956, ita muka gada muka yi aiki da ita. A lokacin Rajistara ake ce wa mai ofishin, ba Darakta ba. An gina dokar ne a kan cewa jami'in gwamnati uba ne ga ƙungiya, shi ke rajista, shi ke binciken kuɗi, shi ke sulhu, shi ke rushewa. Abin da Abu Yasir ke ƙorafi a kai ke nan, kuma ban ce ƙarya yake ba. Uba ɗaya, hula huɗu.

Ɗan Maraɗi:
Gaisuwa ga mutanen zaure. Mu nan Nijar tafiyar ta bambanta. Dokar ƙungiyoyin gama kai ta OHADA muke bi (OHADA ƙungiya ce ta wasu ƙasashen Afirka da suka haɗa dokokin kasuwancinsu), wadda aka sa wa hannu a Lome cikin Disamba 2010, kuma ita ce a Cadi da Kamaru. Ƙungiya iri biyu ce: ƙarama da mutum 5 ke iya kafawa, da babba mai majalisar gudanarwa da ke son mutum 15. Wagga doka ba ta ce dole sai ka bi ta wurin wani darakta ba. Rigima tsakanin mambobi, ko tsakanin mamba da ƙungiya, ta kotu ce, amma an bar ƙofa a yi sulhu ko a sa mai sasanci. Kuma kowace ƙungiya tana da 'yan sa ido da mambobi suka zaɓa daga cikinsu, dabam da masu gudanarwa. A takarda ke nan. A ƙauye kam, rigimar ƙungiyar masu albasa gaban mai gari take ƙarewa, ba wanda ke da kuɗin zuwa birni.

Mamba Tun Farko:
Na yi shiru ina karantawa, amma waƙa a bakin mai ita ta fi daɗi. Ni ɗan wannan kofaretif ɗin ne, na gane labarin tun daga direban. Baban Walid, ka faɗi rabi ka bar rabi. Dokokinmu sun ce wanda ake bi zubin wata uku ba ya zaɓe, ba a zaɓensa. Ba ranar Juma'a aka ƙirƙiro wannan ba. Sati biyu kafin zaɓe an faɗa a taron kwamiti cewa kuɗin sashenku bai shigo ba, mutuminku yana zaune a wurin. Ba ku rubuta komai ba, domin lissafinku ya nuna za ku ci ko babu su. Kuma wakilinka ya sa hannu a takardar sakamako, da idona na gani. Da kai ka ci da 41, za ka zo nan kana ba da labarin darbejiya?

Baban Walid:
Ban san ko wane ne kai ba, amma ka ji tsoron Allah. An faɗa a taron kwamiti kuɗi bai shigo ba, ba a ce za a hana mutane zaɓe ba. Kuma me ya sa ba a manna sunayen ba sai Juma'a da yamma?

Mamba Tun Farko:
Wannan kam kuskure ne, ban kare shi ba. Amma kuskure daban, maguɗi daban.

Shugaban Zaure:
Jama'a, a ci gaba amma ban da ambaton suna ko wurin aiki. Wanda ya saka hoton takardar da ke da sunayen mutane zan goge.

Barista Maman Nana:
Mamba Tun Farko, na gode da ka fito, ka ba Baban Walid abin da lauyansa zai caje shi kuɗi kafin ya gaya masa: hujjar ɗaya ɓangaren. Yanzu rigimar ta fito fili, kuma ba ta da faɗi. Tambaya ɗaya ce: mutumin da aka cire kuɗi daga albashinsa, bisa tsarin da ƙungiyar da kanta ta amince da shi, amma mai biyan albashi bai tura ba, shi ne "wanda ake bi"? Ni a ganina a'a. Ya yi abin da ke kansa, kuɗin ya bar hannunsa. Ƙungiya ce ta zaɓi a riƙa karɓar mata ta wannan hanyar, ita za ta bi ofishin albashi. Amma sai an ga ainihin kalmomin dokar taku. In ta ce "wanda bai biya ba", kuna da ƙarfi. In ta ce "wanda kuɗinsa bai shiga asusun ƙungiya ba", aikin ya ƙaru.

Tambayarka ta "da kai ka ci" tana da daɗin faɗa, amma ba a yanke hukunci da ita. Haƙƙin na mutum 63 ne, ba na ɗan takara ba. Don haka ma nake so su ne za su sa hannu a koken, shi ya biyo baya.

Sa hannun wakili kuma shaida ce cewa abin da aka ƙirga ke nan. Ba ya nufin an yafe waɗanda aka tsayar a ƙofa. Sai dai rashin rubutaccen koke kafin zaɓe zai yi musu nauyi, za a ce sun gani sun yi shiru.

Abin da ke taimakonsu shi ne lissafi. Mai yanke hukunci ba ya rushe zaɓe don an yi kuskure kawai, sai kuskuren ya isa ya canza sakamako. An hana 63, tazara 41. Da tazarar 100 ce, da na ce ka haƙura. Kuma kujerun da tazararsu ta wuce 63 ba lallai a taɓa su ba, kada ku roƙi a rushe komai da komai.

Abu Yasir:
A nan mun haɗu. Ƙari ɗaya: kada ya roƙi a ce shi ya ci. Ba wanda ya san inda 63 ɗin za su jefa. A sake zaɓen kujerun da abin ya shafa, da rajistar da aka tantance, shi ke nan.

Tsohon Sufeto:
Akwai kuma hanyar da ba ta bi ta kan lauya ko ɗaya, ku yi haƙuri Baristoci. Babban taro shi ne sama da kowa a ƙungiya. Ka duba dokokinku, za ka ga adadin mambobin da in suka sa hannu dole a kira taron gaggawa. Taron da ya zaɓa yana iya warwarewa. Kuma in kashi ɗaya cikin uku na mambobi suka rubuta suna neman a binciki yadda ake tafiyar da ƙungiya, Darakta ba shi da zaɓi sai ya bincika. Sau da yawa da shugabanni sun ga sa hannu ya taru, da kansu suke neman a zauna. In kuna Kano ma akwai sashen sulhu na kotu mai ƙofofi da yawa, ana zama a can a rubuta yarjejeniya.

Na-Ƙauye:
To ni na janye maganar bayan kanta. Amma a riƙa manna suna da wuri, haba.

Baban Walid:
Na dawo da bayani. Jiya na je ofishin kofaretif neman kundin dokoki, aka ce makullin durowar yana hannun wanda ya yi tafiya. Na wuce ofishin Darakta, na rubuta takarda, aka ciro mini kwafin da ke fayil ɗinsu na yi hoto. Abu biyu na gani. Dokar ta ce "mamban da ya kasa biyan zubinsa wata uku a jere". Wata kuma ta ce a manna sunayen masu zaɓe kwana bakwai kafin taro, don mai gyara ya kawo gyara. Rajistar ma na gani daga baya, ba sunan da aka soke.

Mun rubuta koken yadda Barista ta ce. Mutum 58 sun sa hannu, kowa ya haɗa da takardun albashinsa na wata huɗun, biyar sun ce ba ruwansu. Mun roƙi a dakatar da miƙa kujerar ma'aji da ta mataimakin sakatare, su ne tazararsu ba ta kai 63 ba, a miƙa wa mai sasanci, a bar asusu yana aiki. An buga mana hatimin karɓa a kwafinmu da kwanan wata. Abu Yasir, na ajiye lambarka, in Laraba ta yi ba mu ji komai ba zan kira ka.

Mamba Tun Farko:
Maganar kwana bakwai ɗin ban san da ita ba, wallahi. Zan duba nawa kwafin. In haka take, zan faɗa a gaban kowa.

Hajiya Mai Atamfa:
Direban fa, ya sa hannu?

Baban Walid:
Shi ya fara, Hajiya. Dangwale ya yi. Ya ce in an sa ranar sake zaɓen a gaya masa da wuri, don ranar Asabar yakan kai yara ƙauye.